An cire mini kuɗi da sunan wasan da ban taɓa yi ba

Assalamu alaikum. Ni malamar makaranta ce a Zariya. Ranar Asabar da daddare alat ya shigo mini sau uku a jere, kowanne naira 7,800, a jiki an rubuta GOOGLE*GARENA. Ban san wannan suna ba, ban sayi komai ba, katina yana cikin jakata, ko OTP, lambar tabbatarwa da banki ke turowa waya, ba a turo mini ba. Maigidana ya ce aikin 'yan damfara ne, in bari sai Litinin in je banki. Mene ne abin yi?

Wa alaikumus salam, Malama. Kada ki jira Litinin. Ki shiga manhajar bankinki yanzu ki toshe katin, ko ki kira lambar da ke rubuce a bayansa. Idan mutumin waje ne ke da lambobin katin, kwana biyu sun ishe shi ya kwashe sauran albashin. Idan kuma daga baya ta bayyana na gida ne, iyakar asararki kuɗin sabon kati.

Sunan da kika gani yana da ma'ana. Duk abin da aka saya ta Google Play yakan fito da GOOGLE* a farko, sai sunan manhajar ko kamfanin da ya yi ta. Garena kamfani ne na Singafo, shi ke da wasan Free Fire, wanda da wuya ki shiga majalisar samari ba ki tarar da wani ya duƙufa a kansa ba. Sauke wasan kyauta ne. Kuɗin yana cikin dayamon, wato kuɗin cikin wasan, da ake saya don samun sababbin kaya da bindigogi masu ado. Sayayya uku a jere, farashi ɗaya, daren Asabar: wannan ya fi kama da hannun yaron da ya danna sau ɗaya ya ga ta wuce, sai ya ƙara. Ban ce lallai haka ne ba, amma daga nan zan fara bincike.

Ki ɗauki wayarki ki buɗe Play Store, ki taɓa hotonki da ke sama, ki shiga wurin biyan kuɗi, ki duba tarihin sayayya. Ki duba kuma akwatin imel ɗinki, domin Google yakan aiko rasit a kan kowace sayayya. Sannan ki tuna duk wayar da aka taɓa saka adireshin Gmail ɗinki a kai: tsohuwar wayar da kika bar wa ɗanki, ta ƙaninki, ta ɗan maƙwabta da ya taɓa taya ki biyan wani abu. Rashin OTP bai nuna komai ba. Da zarar an ajiye kati a asusun Google sau ɗaya, sayayyar da ke biyo baya sau da yawa takan wuce ba tare da banki ya sake tambaya ba. Kamar mai kantin da kika buɗe shafin bashi a wurinsa ne: duk yaron da ya zo daga gidanki, kaya zai miƙa masa ya rubuta.

Idan kin ga sayayyar a tarihinki, ki kira yaran ki tambaye su cikin natsuwa. Da yawansu ba su ɗauki dayamon a matsayin kuɗin cefane ba, lamba ce kawai ke ƙaruwa a fuskar waya. Daga nan ki nemi Google ya mayar miki ta shafinsa na neman mayar da kuɗi, ki zaɓi cewa wani na gida ne ya saya ba da izininki ba. Ki hanzarta, domin cikin awa 48 na farko ne aka fi samun biyan buƙata. Bayan nan yawanci sai su tura ki wurin kamfanin wasan, shi kuwa idan an riga an kashe dayamon ɗin, ba lallai ya saurare ki ba.

Abin da ba zan so ki yi ba shi ne ki je banki ki ce an sace miki kuɗi alhali kin san daga ɗakinki aka saya. Ban da kasancewarsa ƙarya, banki zai nemi bahasi daga kamfanin, shi kuma zai nuna cewa daga asusunki aka yi cinikin. Sai ki rasa kuɗin, kuma ana iya hana asusun nan sake biyan komai.

Idan kuwa babu alamar sayayyar a kowane asusu na gidanku, to maganar maigida ta tabbata. Google yana da fom na musamman na kai ƙorafin cirar da ba ka sani ba, yana karɓa har kwana 120 daga ranar da aka cire. Ki cike shi, sannan ki bi matakan da zan faɗa wa mai tambaya na gaba.

Salam. Ina sayar da yadi a Kantin Kwari. An fara cire mini ɗan kuɗi da bai kai dala ɗaya ba, na share. Washegari aka cire kusan naira 60,000 da sunan STEAMGAMES.COM. Ba ni da kwamfuta, ba ni da yara. Wani ya kira ni ya ce daga banki yake, zai dawo mini da kuɗin in na karanto masa lambar da za ta shigo wayata.

Ɗan'uwa, wanda ya kira ka ba ma'aikacin banki ba ne, kuma ba mamaki shi ne ya ci na farkon ya dawo neman ƙari. Banki ba ya kira ya nemi OTP, ko lambar sirrinka, ko lambobi ukun nan da ke bayan kati. Ka kashe wayar a kunnensa.

Naka ya yi kama da sata ta gaske. Steam kasuwar wasannin kwamfuta ce ta kamfanin Valve na Amurka. Ɗan kuɗin da ka share gwaji ne, ana duba ko katin yana aiki. Masu wannan sana'a suna son shagunan wasa ne saboda kayan ba sa buƙatar mota ko adireshi: cikin minti ɗaya an saya, an sayar wa wani da rangwame, kuɗi ya canza hannu. Kuma ba sai katin ya bar aljihunka ba. Lambobin gabansa, da ranar ƙarewarsa, da ukun baya sun wadatar. Hoto biyu ne kawai, a lokacin da ka miƙa katin aka juya maka baya da shi, ko wani shafin bogi da ka taɓa cikewa don neman tallafi.

Akwai dalilin da ya sa irin wannan ke iya samun katin naira yanzu. A 2022 bankuna da dama sun dakatar da sayayyar ƙasashen waje da katin naira saboda ƙarancin dala, sai a 2025 suka fara buɗewa. Ƙofar da aka buɗe maka ta buɗu ga duk mai riƙe da lambobinka. Idan bankinka yana ba da damar kashe sayayyar intanet ko ta waje a cikin manhajarsa, ka bar ta a kashe sai ranar da kake buƙata.

Ka toshe katin, kada ka sake buɗe shi, ka karɓi sabo mai sabuwar lamba. Ka je banki ka cike fom ɗin ƙalubalantar ciniki, ka rubuta rana da adadi da sunan daidai yadda ya fito a alat, har da ɗan ƙaramin na farko. Kada ka fita sai an ba ka lambar bin diddigin ƙorafi. Mutane da yawa a nan suke sakaci: su yi ta faɗa da baki a gaban kanta, su koma gida ba takarda ko ɗaya a hannu. Bankin zai bi kuɗin ta hannun Visa ko Mastercard, abin yakan ɗauki makonni, kuma yana da wa'adi, don haka kada ka bari wata ya zagayo. Idan mako biyu ya wuce ba su warware ba, ba su kuma ba ka amsa mai gamsarwa ba, ka rubuta wa Sashen Kare Haƙƙin Masu Hulɗa da Bankuna na Babban Bankin Najeriya, ka haɗa da lambar nan da kwafin ƙorafinka. Ba na yi maka alkawarin kuɗin zai dawo, musamman in har ka riga ka karanta wa wani OTP. In ba ka karanta ba, hujjarka tana da ƙarfi.

Salam. Ni ma ga tawa tambayar: ɗana ɗan shekara 14 ya dame ni in saya masa UC, wato kuɗin cikin wasan PUBG. Na yarda a matsayin tukuicin jarrabawa, amma ina tsoron saka katina a wayarsa.

Alhaji, tsoron nan naka daidai ne. Kada katin da ke haɗe da babban asusunka ya shiga wayarsa ko na minti ɗaya. Ka buɗe wani ƙaramin asusu mai katinsa daban, ka tura iyakar abin da ka yi niyya, naira 5,000 ne ko 10,000, in ya ƙare ya ƙare. Ka zauna tare da shi a saya a cikin wasan, ban da masu tallar UC mai araha a WhatsApp da Telegram, domin a cikinsu akwai masu sayar da abin da aka saya da katin sata, kuma in asiri ya tonu asusun wasan yaron za a rufe. Bayan an gama ka cire katin daga Play Store, ka shiga saitin tabbatar da sayayya ka sa a riƙa neman kalmar sirri kowane lokaci. Ka leƙa kuma sashen rajistar wata-wata, ka tabbata bai danna wani abu da zai riƙa sabunta kansa duk ƙarshen wata ba.