Amsa ga ɗan'uwan da gilashi ya ƙone wa hannu

Assalamu alaikum. Ɗan'uwa, na karanta tambayarka har sau biyu, inda ka ce narkakken gilashi ya zubo maka a hannun dama, yatsu biyu sun daina lanƙwasuwa, kana neman shawara ko ka haƙura da sana'ar baki ɗaya. Allah Ya ba ka lafiya. Maganarka ta taɓa ni ƙwarai, domin ni ma na ɗanɗani irin wannan ɗacin.

Nawa tsautsayin gaggawar wani dillali ce ta jawo shi. Ya ba ni aikin awarwaro na shuɗin kwalba, irin wanda mutanen Masaga suke yi a Bida, sannan ya zo ya tsaya a kaina yana cewa motarsa za ta tashi. Duk wanda yake wannan sana'a ya san ba a tsame gilashi daga toka sai ya huce a hankali, amma na biye masa. Ina ɗaga na uku sai na ji ƙas, ya tsage a tafina ya yanke mini jijiyar babban yatsa. Har yau ina ganin jinin yana ɗiga cikin toka mai zafi, shi kuwa mutumin yana tsugune yana ware waɗanda ba su fashe ba. Ko sannu bai ce mini ba, kuma ragowar kuɗina har gobe yana wurinsa. Na bar shi da Allah, ko da yake zuciyata ba ta daina tafasa ba idan na tuna.

Abin da ya hana ni ajiye aikin shi ne labarin Dale Chihuly, mai aikin gilashi, mutumin Tacoma a Amurka, wanda aka haifa a 1941. Ya yi aiki a masana'antar Venini da ke Murano a Italiya a 1968, inda ya ga yadda ake hura gilashi a ƙungiyance, kowa da nasa ɓangaren. A 1976 ya yi haɗarin mota a Ingila ya rasa ganin idonsa na hagu, a 1979 kuma kafaɗarsa ta goce, ya daina riƙe bututun hurawa. Sai ya koma zana fasali yana tsaye kan masu aiki, kuma a haka aka yi furannin gilashi kimanin 2,000 da ke silin zauren shiga otal ɗin Bellagio a Las Vegas a 1998. Wasu na cewa ai ba hannunsa ya yi ba, ni dai ban yarda da su ba, domin ido da sanin lokacin wuta su ne rabin sana'ar.

Don haka kada ka sayar da kayan aikinka. Ka nemi yaro mai natsuwa ya riƙe ƙarfe, kai ka riƙa zaɓen launi da kula da wuta. Kada ka yi wasa da motsa yatsun nan kamar yadda likita ya nuna maka, ni na yi sakaci da nawa wata uku, shi ya sa har yanzu ba na iya ɓalle maɓallin riga da hannun dama. Kuma don Allah, ko wane ne ya kawo aiki, ka karɓi rabin kuɗinka kafin ka hura wuta.