An ba ni takarda wai makin ɗana 62, surukata ta ce iska ce

TAMBAYA

Assalamu alaikum Likita. Ni uwa ce, ina zaune a Agege. Ɗana na uku shekararsa tara, mun dawo Legas daga Funtuwa shekara biyu da suka wuce. Sau biyu yana maimaita aji biyu na firamare, har yanzu ba ya iya rubuta sunansa. Bai yi tafiya ba sai da ya kusa shekara biyu, magana kuwa sai bayan ya haura uku. Makarantarsu ta kira wani ya yi masa gwaji da Turanci, aka ba ni takarda wai IQ ɗinsa, wato makin basirarsa, 62, suka ce in nema masa wani wuri. Surukata ta ce iska ce ta shafe shi tun yana jariri, a mayar da shi gida a yi masa hayaƙi. Wani mai kemis kuma ya sayar min da maganin ruwa wai na buɗe ƙwaƙwalwa. Likita, barci ya ƙaurace min. Taɓin hankali gare shi? Zai warke?

Wata uwa, Agege

AMSA

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Allah ya ba ki ladan ɗawainiya. Ki fara ɗauke kwalbar kemis ɗin nan ki ajiye inda hannun yaro ba zai kai ba, za mu dawo kanta.

A cikin abin da kika rubuto ban ga alamar taɓin hankali ba. Mai taɓin hankali yawanci yana zaune lafiya ne sai ya sauya, ya riƙa jin muryoyi ko ya daina gane abin da ya saba ganewa. Naki yaron tun farko yake tafe a bayan sa'o'insa. Wannan ya fi kama da abin da muke kira naƙasar fahimta. Na ce ya fi kama, domin ban gan shi ba, kuma takardar da ke hannunki ba ta isa a yanke hukunci da ita ba.

Abu uku ne sai sun haɗu kafin likita ya sa hannu. Na farko makin gwajin basira. Matsakaicin mutum yana kan 100, mu kuma muna fara damuwa daga wajen 70 zuwa ƙasa, tare da sanin cewa gwajin kansa yana iya kuskuren maki biyar sama ko ƙasa. To amma da wane harshe aka yi gwajin? Yaron da ya tashi da Hausa, ya shigo Legas shekara biyu kacal, a titi yana jin Yarabanci da buroka, sai a zaunar da shi gaban baƙo a yi ta jefa masa tambayoyi da Turanci. Rabin abin da aka auna ranar nan Turancinsa ne da tsoronsa. Na taɓa ganin yaron da ya yi gum da aka tambaye shi amfanin laima da Turanci, amma da muka koma Hausa sai ga shi yana lissafa min canjin ɗari biyu idan an sayi ruwan leda uku. Akwai gwajin Raven, wanda zane-zane ne zalla, ba ya buƙatar magana sosai, kuma ko gwajin Wechsler, mai haɗawa da tambayoyin baki, za a yi, masanin halayyar ɗan Adam da aka horar a kai ne ya kamata ya yi, da mai fassara a gefe.

Na biyu, wanda a wurina ya fi na farko nauyi, yadda yaron yake tafiyar da rayuwarsa ta yau da kullum. Yana wanka da kansa? Yana ɓalle maɓallin riga? In kika aike shi sayen magi da gishiri, yana dawowa da duka biyun da canji? Ya san ya tsaya kafin ya tsallaka titi, a garin da ɗan acaba ke fitowa ta bayan mutum? Yana wasa da sa'o'insa, ko kullum cikin 'yan shekara biyar ake samunsa? Waɗannan ke za mu tambaya, da ma'auni irin su Vineland, domin ke kika fi kowa sani. Na uku, a tabbatar abin ya faro tun ƙuruciya, kuma wannan kin riga kin faɗa.

In an tabbatar, sai a sa shi a ɗaya daga mataki huɗu. A tsohon tsarin Hukumar Lafiya ta Duniya, 50 zuwa 69 mai sauƙi ne, 35 zuwa 49 matsakaici, 20 zuwa 34 mai tsanani, ƙasa da 20 mafi tsanani. Tun 2013 ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka ta koma auna matakin da irin taimakon da mutum yake buƙata a rayuwa, sabon tsarin Hukumar Lafiya ta Duniya da ya fara aiki a 2022 shi ma ya ba wannan ɓangaren muhimmanci. Kusan 85 cikin 100 na masu lalurar suna matakin farko ne. Ko da 62 ɗin nan ta tabbata, nan ɗanki zai faɗo, kuma irinsu da yawa suna koyon karatu da ƙidaya daidai gwargwado, su koyi sana'a, su yi aure.

Kafin duk wannan a duba kunnensa da idonsa. Yaro da yawa an kira shi daƙiƙi, ashe ba ya jin malami ne. Za mu tambaye ki ko an yi doguwar naƙuda, ko ya yi kuka da aka haife shi, ko ya yi shawara mai tsanani yana jariri (ita kan taɓa ƙwaƙwalwa da ji gaba ɗaya, kuma ƙwallayen kafur da ake zubawa cikin kayan jarirai suna tayar da ita ga wasu yara), ko ya yi sanƙarau ko zazzaɓin cizon sauro mai jijjiga. Akwai kuma farfaɗiyar da ba ta kayar da yaro, sai dai ya ƙura ido na 'yan daƙiƙu ya dawo. Hoton ƙwaƙwalwa ba ya nuna basira, kada wani ya karɓi kuɗinki da sunan zai gano ta a ciki.

Yanzu maganar surukarki da mai kemis. Ni a wurina magana ɗaya suke yi: wai akwai wani abu da ya shiga yaron ko ya toshe shi, in an fitar ko an buɗe shi ke nan. Wannan tunanin nake fama da shi kusan kowace ranar asibiti, kuma ya fi lalurar kanta yi wa yaran nan ɓarna.

Babu abin da ya shiga. Ƙwaƙwalwa ce ta ginu a haka, ko ta samu rauni tun tana ɗanya. Amma tunda an yarda akwai abin fitarwa, sai a shiga neman mai fitarwa, kuma a Legas ba a rasa shi. In an gama da mai hayaƙi a Agege, maƙwabciya za ta nuna wani mai addu'ar dare a wata unguwa, daga nan sai mai tallan magani a cikin motar haya, kwalba ɗaya tana maganin basir da mantuwa da ciwon baya. Kowa ya karɓi nasa. In ba a ga canji ba sai a ce aljanin mai taurin kai ne, a ƙara kuɗi, a ƙara bulala.

Ni nake cire wa yaran nan riga. Na ga bayan yaro ɗan shekara goma duk shatin dorina, wai ba shi ake duka ba, na jikinsa ake duka. Na ga yarinyar da aka lulluɓe da bargo kan kaskon garwashi da barkono har ƙirjinta ya kama, aka kawo ta tana numfashi da kyar. Na ga zoben tabo a idon sawu, wanda ba sai an gaya min daga gidan mari aka fito ba. Kuma har yau akwai masu cewa yaron da wuyansa bai tsaya ba ɗan ruwa ne, a kai shi bakin kogi a juya baya. Wanda ya halicci yaron nan bai ɗora masa abin da ba zai iya ba, to wane ne zai ɗora masa da bulala? Ban hana addu'a ba, ni ma ina yi wa nawa 'ya'yan. Ki tofa masa safe da yamma. Duk addu'ar da sai an ɗaure yaro ko an shaƙe shi da hayaƙi kafin ta ci, ki ɗauki ɗanki ki fito.

Kwalbar kemis kuwa ɗayan biyu ce. Ko dai maganin ƙarin kuzari ne kawai, kin yi asarar kuɗi. Ko kuma akwai mai sa barci a ciki, wannan ita ce nake tsoro. Yaro ya yi laushi, ya daina guje-guje, gida ya yi shiru, sai a ce alhamdu lillahi magani ya karɓe shi. Alhali yaron da yake koyo a hankali an ƙara masa gyangyaɗi a aji. Babu ƙwaya ko ruwan magani da ke ƙara makin basira. Magani yana da wurinsa in akwai farfaɗiya, ko ƙarancin sinadarin maƙogwaro, ko wata lalura da ta haɗu da wannan, kuma likita ne zai rubuta.

Abin da ya fi ci min rai shi ne shekarun da ake zubarwa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Sai a yi shekara takwas ana yawon neman waraka, a kawo min saurayi ɗan sha bakwai da bai iya ɗaure wandonsa ba, abin da za a iya koya masa yana ɗan bakwai, da haƙuri da maimaici.

Kin tambaya ko zai warke. In aka tabbatar naƙasar fahimta ce, ba ta tafiya kamar zazzaɓi. Amma zai ci gaba da koyo, in an gutsura masa abu ƙanana ana maimaitawa, kuma aka daina kiransa dolo a gabansa, domin yana ji.

Makarantar da ta ce ki kwashe shi ta sani cewa akwai dokar hana nuna wariya ga masu naƙasa da aka sa wa hannu a Janairun 2019, Legas kuma tana da tata tun 2011, da ofishin LASODA mai kula da lamuransu. Doka a takarda daban, aiki da ita daban, sai kin yi naci. Wasu makarantun firamare na gwamnatin jiha suna da sashen yara masu buƙata ta musamman, ki tambaya a ofishin ilimi na ƙaramar hukumarku.

Don gwaji na gaskiya, asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Yaba yana da cibiyar yara da matasa a Oshodi, akwai kuma sashen yara a asibitin koyarwa na jami'ar jihar Legas (LASUTH) da ke Ikeja, wanda ya fi kusa da ke, da asibitin koyarwa na jami'ar Legas (LUTH) a Idi-Araba. Kada sunan Yaba ya firgita surukarki, in da hali ma ki tafi da ita ta ji da kunnenta. Ki riƙe katin rigakafinsa, da littattafansa na aji, da takardar 62 ɗin, da kwalbar kemis don a ga abin da ke ciki. Ki yi sammako saboda layi, kuma tun a bakin ƙofa ki ce yaron Hausa yake ji.