Yaya, ban sayar da motar ba

Assalamu alaikum Yaya. A gaishe min da Hajiya da mutanen gida gaba ɗaya.

Saƙon muryarka sau uku na saurare shi ina dariya. Ka ce hotona da hular kwano a kan keke ya zaga majalisarku ta Ƙofar Mata, har wani ya ce ko Amurkar ce ta juya min baya na sayar da mota. Motar tana nan ƙalau. Ranar ce ba ta mota ba.

A nan New York, duk Lahadin farko ta watan Mayu akan tare manyan tituna a hana mota bi, a bar wa masu keke. Sunan abin Five Boro Bike Tour, saboda hanyar tana ratsa yankuna biyar na birnin: Manhattan, Bronx inda muke zaune, Queens, Brooklyn da Staten Island. Mil 40 ne, wajen kilomita 64, wato ka tashi daga Kano ka wuce Wudil da nisa. A 1977 aka fara da mutum kamar 250, yanzu kuwa wajen 32,000 ke hawa. Ka tuna yadda titi yake komawa na dawakai ranar Hawan Nasarawa, mai mota ya nemi wata hanyar? To haka ne, sai dai babu algaita, kuma kowa dokinsa na ƙarfe ne.

Ka tambaya nawa ake biyanmu. Ka zauna da kyau: mu muke biya, fiye da dala 100 kowane mutum. Kuɗin yana tafiya ga ƙungiyar da ke shirya hawan, Bike New York, ita kuma ta koyar da yara da manya tuƙin keke kyauta. Na san za ka ce keke har sai an koya a aji? Mu a lungu muka koya, da keken haya, ka riƙe min sirdi ka sake ni ban sani ba, na je na rungumi katangar maƙwabta. Yaran nan ba su da lungu. Daga ƙofar bene sai titi, titin kuma mota ba ta ɗaga ƙafa. 'Yata ta fari a irin wannan ajin ta koya, aka cire mata feda tana tura keken da ƙafa har ta iya tsayuwa a kai, sannan aka mayar. Tun ranar na daina ganin kuɗin a matsayin asara.

Kada ka ɗauka duk Hausawan nan sun yarda da ni. Da yawa daga samarinmu, 'yan Nijar da 'yan zangon Ghana da namu na gida, da keke mai batir suke cin abinci, suna kai wa mutane saƙon abinci gida-gida, ko ana ruwa ko ana dusar ƙanƙara. Ɗayansu ya tare ni bayan Juma'a ya ce, "Alhaji, mu ana biyanmu mu tuƙa, kai kuma ka biya ka tuƙa? Kawo kuɗin in ba ka nawa ka wuni a kai." Ban iya ba shi amsa ba, don ta wani ɓangaren gaskiyarsa ce. Sai dai in irin wannan hawan ya sa aka ware wa keke gefensa a titi, shi ne na farkon da zai koma gida da ƙafafunsa lafiya.

Mu 'yan kaɗan da muke zuwa da namu tsarin. Mu yi asuba tare, mu ɗauki kekunan a jirgin ƙarƙashin ƙasa zuwa ƙasan Manhattan. Wandon nan mai kama jiki ba ma sa shi, dogon wando muke sawa mu cusa ƙafarsa cikin safa kada sarƙa ta ci. Matan da ke hawa suna ɗora hular kwanon a kan hijabi, babu mai kallonsu. Hanyar ɗan leƙa Bronx kawai take yi ta fita, abin da yake ba mu haushi duk shekara, amma a wannan ɗan tsakin iyali suke tsayawa su ɗaga mana hannu.

Inda ake gane maza shi ne gadar Verrazzano, dab da ƙarshe. Sauran ranakun shekara ba a barin keke ya hau ta. Hawan yana da tsawo, iskar teku tana dukan ƙirjinka, cinya tana wuta. A nan wata tsohuwa mai furfura ta wuce ni tana kaɗa ƙararrawa, ni kuwa ina ta hailala a zuci. Da muka sauka Staten Island muka shimfiɗa riguna a kan ciyawa muka yi azahar, sannan muka bi layin jirgin ruwan da ke mayar da mutane Manhattan kyauta.

Wancan hoton a kan gadar aka ɗauke shi, shi ya sa ka ga fuskata haka. Ka faɗa wa 'yan majalisa gajiya ce, ba bashi ba. Sannan Raleigh ɗin Baba da ke jingine a zaure, don Allah kada a ba 'yan gwangwan. A kai shi wajen mai gyara ya sa masa taya da tib, zan turo kuɗin. In na zo hutu ni da kai za mu je Wudil, kai a gaba.