Filin Tambaya da Amsa: Mai Amosanin Gaɓɓai da Allurar Korona

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Ni mace ce mai shekara 46, ina zaune a Shara Mansur a nan Makka. Na daɗe ina fama da amosanin gaɓɓai, irin wanda likita ya ce garkuwar jikina ce da kanta take cin gaɓɓaina, kuma ina shan metotireksat sau ɗaya a mako tare da firedinisolon kullum. Na karɓi allurar korona sau biyu a 2021, amma bayan ta biyun yatsuna sun kumbura na 'yan kwanaki. Yanzu an ce in karɓi ta ƙari, maƙwabciyata kuwa ta ce allurar zuga garkuwar jiki take yi, don haka za ta tayar mini da ciwon. In karɓa ko in haƙura?

AMSA: Wa'alaikumus salam Hajiya, Allah Ya ƙara sauƙi. Maganar maƙwabciyarki tana da ƙamshin gaskiya, domin aikin kowace allurar rigakafi shi ne ta farkar da garkuwar jiki, kuma akwai masu irin ciwonki da gaɓɓansu kan ɗan motsa bayan an yi musu, kamar yadda ya same ki. Sai dai wannan motsin yawanci mai sauƙi ne, yana lafawa da kansa ko da ɗan gyaran magani, alhali ita korona idan ta kama mai shan magungunan da ke danne garkuwa takan fi yi masa mugun kamu, kuma ita ma tana iya tayar da ciwon gaɓɓan. Saboda haka ra'ayina shi ne ki karɓa.

Alluran da aka yi amfani da su a Saudiyya tun da aka fara rigakafin a Disambar 2020, wato na Pfizer da AstraZeneca da Moderna, babu wadda ke ɗauke da ƙwayar cuta mai iya hayayyafa a jiki, don haka ba za su sa miki korona ba ko da garkuwarki ta yi rauni. Allurar da ya kamata mai irin magungunanki ya yi taka-tsantsan da ita ita ce ta shawara, wadda ake nema wurin matafiya tsakanin nan da Najeriya ko Nijar, domin ita rayayyar ƙwayar cuta ce da aka raunana. Kada ki yarda a yi miki ita sai likitanki ya sani.

Abin da ya fi damun likitoci game da masu shan metotireksat shi ne allurar ba ta kama jikinsu sosai, saboda maganin yana rage yawan sinadaran kariya da jiki zai ƙera bayan an yi ta. Wannan ne ma dalilin da ya sa aka fi matsa wa irinku a kan allurar ƙari. Tun a 2021 ƙungiyar likitocin gaɓɓai ta Amurka ta ba da shawarar a ɗan dakatar da metotireksat bayan allurar ga wanda ciwonsa ya lafa, sannan wani gwaji da aka yi a Biritaniya, wanda aka fitar da sakamakonsa a 2022, ya nuna cewa waɗanda suka dakata na mako biyu bayan allurar ƙari sun samu kusan ninkin sinadaran kariyar da waɗanda ba su dakata ba suka samu, ko da yake ciwon ya ɗan fi motsa musu a makonnin farko. Wannan hukunci na likitanki ne, shi da ya san ko ciwonki a kwance yake ko a tashe. Firedinisolon kuwa kada ki kuskura ki yanke shi kai tsaye, domin jikin da ya saba da shi yana iya shiga haɗari babba idan aka katse masa lokaci ɗaya.

Ga masu karatu da ke shan wasu magungunan, haidiroksikulorokwin, wanda masu ciwon lufus (shi ma ciwo ne da garkuwar jiki ke cin jikin mai shi) suka sani sarai, ba ya buƙatar wani canji. Rituksimab, wanda ake ba da shi ta ƙarin ruwa lokaci-lokaci, shi ne ya fi kowanne hana allurar aiki, shi ya sa ake tsara allurar kimanin mako huɗu kafin ƙarin ruwan na gaba.

Ki fara ganin likitan gaɓɓanki, ki gaya masa kumburin da kika yi a baya, ku tsayar da rana a lokacin da jikinki yake lafiya lau, sannan ki nemi lokaci ta manhajar Sehhaty ko ki kira layin Ma'aikatar Lafiya na 937. Kada ki sha maganin rage zafi kafin allurar wai don kandagarki, amma idan zazzaɓi ko ciwon hannu ya biyo baya kina iya shan farasitamol. Idan kumburin yatsun ya dawo ya wuce 'yan kwanaki, ko ya hana ki riƙe abu da hannu, ki koma asibiti ba sai ranar da aka ba ki ta zo ba.