Layar Zana a Hannun Mutumin Kirki

Tambaya: Malam, ina aji biyu a jami'a. A littafin Aflatun da aka ba mu, wani ya ce ba mai yin adalci da son ransa, kunyar idon jama'a ce kawai da tsoron hukunci. Maganar ta tsaya mini a rai. Haka ne? Daga wata ɗaliba, Zariya.

Amsa: 'Yata, mai wannan magana Gilaukon ne, ɗan'uwan Aflatun masanin falsafar nan na Girka, a kashi na biyu na littafin Jamhuriya, wanda aka rubuta wajen shekara 375 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Shi kansa ya ce ba ra'ayinsa ba ne, tsokanar Sukurat, malamin Aflatun, yake yi don ya ji hujja.

Labarin da ya kawo na wani makiyayi ne a ƙasar Lidiya. Ƙasa ta tsage bayan girgiza, ya shiga ramin, ya tarar da gawa da zoben zinariya a yatsa. Ashe in ya juya kan zoben cikin tafin hannu sai ya ɓace wa idon mutane. Mu da layar zana za mu kira shi. Bai yi wata-wata ba ya shiga fada, ya yaudari matar sarki, suka kashe sarkin, ya haye gadon. Gilaukon ya ce a ba mutumin kirki irin zoben, a ga ko zai bambanta.

Sukurat ya ɗauki sauran littafin yana amsawa, abin da ya tattara shi ne zalunci cuta ce a rai, azzalumi kuwa bawan son zuciyarsa ne ko ba a kama shi ba. Na yarda, amma amsar ta yi wa talaka tsawo. Yarinyar nan ta Madina ta fi shi taƙaitawa: uwarta ta ce ta zuba wa madara ruwa tunda Halifa Umar ba ya ganinsu, ta ce Ubangijin Umar yana gani. Ita ce ta zama kakar Umar bn Abdul'aziz.

Sai dai kada ki raina Gilaukon, ya san hali. Bara wani yaro mai POS ya ƙirgo mini kuɗi da rarar dubu biyar, bai lura ba. Na mayar masa, amma wallahi sai da na kai bakin titi, na tsaya kamar mai jiran adaidaita, kafin na juyo.