Amsa ga Kawu: Yadda ɗan kokawa ya zama ministan ilimi a Japan

Kawu, Allah ya ƙara girma. Ka tambaya ko da gaske ne ɗan kokawa ya taɓa riƙe ma'aikatar ilimi a Japan, da kuma ko mu Hausawan da ke zaune a nan muna da ƙofar shiga wurin manya irin wannan idan batun karatun yaranmu ya taso.

Da gaske ne. Sunansa Hase Hiroshi. Ya yi wa Japan kokawa a gasar Olamfik ta 1984 a Amurka, ya koyar da harshen Japananci a wata sakandare a birnin Kanazawa, sannan ya koma kokawar sana'a. A 1995 ya ci kujerar majalisar dattawa daga lardin Ishikawa, a 2000 ya koma majalisar wakilai. Sai a Oktoban 2015 Firaminista Abe ya naɗa shi minista, wato shekara 20 bayan shigarsa majalisa. Ya sauka a Agustan 2016, ko shekara bai cika ba. A 2022 aka zaɓe shi gwamnan Ishikawa.

Dalilin wannan dogon jira shi ne layi. Tsarin mulki ya ce dole mafi yawan ministoci su fito daga majalisa, kuma a LDP, jam'iyyar Hase wadda ta fi kowace daɗewa tana mulkin Japan, al'ada ce sai mutum ya ci zaɓen wakilai kamar sau biyar, ko na dattawa sau uku, kafin a fara ambaton sunansa. Kafin nan zai yi sakataren majalisa a ma'aikata, ya yi ƙaramin minista, ya goge a kwamiti. Masu jira suna da yawa, kujeru kaɗan, shi ya sa ake yawan garambawul. A ganina nan ne raunin tsarin yake: minista na fara gane aiki sai a ce ya matsa, ragamar ta zauna hannun manyan ma'aikata.

Shiga takarar ma da tsada. Ɗan takarar mazaɓa a majalisar wakilai yana ajiye yen miliyan 3, idan bai samu kashi 10 cikin ɗari na ƙuri'u ba kuɗin sun tafi. Kamfe na majalisar wakilai kwana 12 ne, kuma doka ta hana bin gida gida neman ƙuri'a.

Mu kuwa, Kawu, wanda bai karɓi takardar zama ɗan ƙasa ba ba ya zaɓe. Kuma haramun ne ɗan siyasa ya karɓi gudummawar kuɗi daga baƙo. A 2011 ministan harkokin waje Maehara ya ajiye aiki a kan haka. Don haka idan sabon zuwa ya ce zai kai wa ɗan majalisa goro, nan take ake tsawatar masa, domin zai jefa mutumin cikin masifa.

Batun yara a ofishin birni ake warware shi. Ma'aikatar ilimi ce ke tsara manhaja da tantance littattafai, amma hukumar ilimi ta gari ke tafiyar da firamare da ƙaramar sakandare, shekara tara kyauta, har da ɗan baƙo. Iyaye su yi rajistar adireshi, su nemi gurbi, a ba yaro makarantar unguwarsu. Inda aka fi samun matsala shi ne abincin rana, domin ana yawan sa naman alade ko romonsa. Makaranta na raba jadawalin abinci duk wata. Iyaye su zauna da shugaban makaranta tun kafin Afrilu, lokacin da shekarar karatu ke farawa, a yarda yaro ya riƙa zuwa da nasa daga gida.