Amsa ga mai son zama hafsan kuɗi a rundunar sojan Amurka

Ƙanena, tambayarka ta iso. Ka ce kana da digirin akanta, kana shirin neman bizar karatu zuwa Amurka, kuma burinka idan ka iso ka shiga soja a matsayin hafsa mai kula da kuɗi. Burin mai kyau ne, amma yadda ka jera matakan ba zai kai ka ba, gara ka ji tun kafin ka kashe kuɗin biza.

Bizar karatu ba ta shigar da mutum sojan Amurka. Kafin a ɗauke ka ko a ƙaramin soja, sai kana da katin zaman dindindin, wanda ake kira girin kad. Hafsa kuwa dole ya zama cikakken ɗan ƙasa. An taɓa yin wani shiri mai suna MAVNI da ke ɗaukar wasu baƙi masu iya harsuna ko aikin asibiti, amma an daina karɓar mutane a cikinsa tun 2016. Jami'in ɗaukar soja ba shi da ikon samo maka biza ko katin zama. Duk wanda ya ce ka biya shi ya shigar da kai daga gida, ɗan damfara ne, kada ka saurare shi.

Ga mai katin zama, hanyar da aka fi bi ita ce ya fara daga ƙasa. Zai rubuta jarrabawar shiga soja da ake kira ASVAB, a duba lafiyarsa, ya yi horon kurtu na mako 10 idan sojan ƙasa ne, sannan ya wuce makarantar sana'arsa. Lambar aikin kuɗi ta ƙananan sojoji ita ce 36B, ta hafsoshi 36A, kuma makarantarsu tana barikin Fort Jackson a jihar Carolina ta Kudu. Sojan sama suna koyar da nasu a Keesler da ke Mississippi, sojan ruwa kuma a Newport, inda ake horar da hafsoshin kaya da kuɗi. Wanda bai zama ɗan ƙasa ba an taƙaita masa ayyukan da zai iya zaɓa, kuma guraben suna canzawa. Saboda haka kada ka sa hannu sai ka ga lambar aikin a rubuce cikin yarjejeniyarka. Alkawarin baki ba ya ɗaure runduna. Ka kuma sani jimillar wa'adin shekara 8 ce, wani ɓangare kana bakin aiki, sauran kana cikin sojojin ko-ta-kwana.

Aikin soja yana gajarta hanyar zama ɗan ƙasa: ana cike fom N-400 tare da N-426 wanda runduna ke tabbatar da aikinka a kai, ba a biyan kuɗin nema. Bayan rantsuwar zama ɗan ƙasa ne za ka iya neman makarantar horar da hafsoshi, OCS, mai mako 12 a jihar Georgia. Ana buƙatar digiri na farko, kuma na wata ƙasa sai hukumar tantance takardu ta auna shi da na Amurka. Ana kuma son maki 110 a ma'aunin GT na ASVAB, wanda ke haɗa makin Turanci da na lissafi, don haka ka ɗauki jarrabawar nan da muhimmanci tun karon farko. Akwai abin da mutane ba su cika sani ba: gama OCS ba ya tabbatar maka da sashen kuɗi. Sashen ƙarami ne, ana rabon gurabe bisa matsayinka a aji da buƙatar runduna, kuma mai digirin akanta yana iya tsintar kansa a sashen sufuri.

Sai binciken tsaro, inda 'yan uwanmu suka fi tuntuɓe. Fom SF-86 yana tambayar inda ka zauna, dangin da ke ƙasashen waje, kadarorinka a can, da basussukanka. Samun iyaye a gida ba laifi ba ne, tura musu kuɗi ma haka. Ɓoyewa ce ke kayar da mutum. Bashin da aka ƙi biya shi ma babban cikas ne, balle ga wanda za a danƙa wa dukiyar gwamnati.

Yanzu aikin kansa, wanda shi ne na fi so ka fahimta, domin ya sha bamban da akantancin kamfani. A kamfani ana neman riba. A nan ana neman bin doka. Majalisar dokoki ce ke ware kuɗi, kuma kowace dala tana zuwa da sharuɗɗa uku: abin da aka ware ta dominsa, lokacin da za a iya ɗaure ta, wato ƙulla alkawarin kashe ta, da iyakar adadinta. Shekarar kasafi tana farawa 1 ga Oktoba, ta ƙare 30 ga Satumba. Kuɗin gudanarwa da gyare-gyare shekara 1 gare su, haka na albashi; na bincike da gwaji shekara 2; na sayen manyan kayan aiki shekara 3; na gine-gine shekara 5. Idan wa'adi ya cika, ba a ƙulla sabuwar kwangila da kuɗin, sai dai a daidaita tsofaffin alkawura na ƙarin shekara 5, daga nan asusun ya rufe.

A nan ake yawan yin ɓarna, kuma galibi ba sata ba ce, gaggawa ce. Kwamanda yana son gini cikin sauri, kuɗin gudanarwa ne a hannu, sai a tsinka aiki guda gida biyu ko uku don kowane yanki ya faɗo ƙasa da iyakar da doka ta yarda. Ko kuma a watan Satumba, don kada kuɗi su koma, a sayi kayan da ba a buƙata sai shekara mai zuwa. Irin waɗannan suna iya kai wa ga karya dokar Antideficiency, wadda ta haramta ɗaure gwamnati da abin da ya wuce kason da aka ware ko kafin a ware shi. Ana kai rahoton kowane laifi har gaban shugaban ƙasa da majalisa, kuma wanda ya yi da gangan yana fuskantar tarar da ta kai dala 5,000 ko ɗaurin da ya kai shekara 2. Hafsan kuɗi, ko da laftanar ne, shi zai dubi kanar ya ce masa: ranka ya daɗe, wannan kuɗin ba na wannan aikin ba ne, ga halastacciyar hanya. Wanda ba zai iya faɗin haka ba, aikin bai dace da shi ba.

Ɗaya ɓangaren shi ne biyan kuɗi. Yawancin albashi da biyan 'yan kwangila suna bi ta hukumar kuɗi da akanta ta ma'aikatar tsaro, DFAS, da aka kafa a 1991, amma a fagen daga, inda banki ba ya aiki, hafsa yana riƙe tsabar kuɗi, daloli da kuɗin ƙasar da ake ciki. Yana raba wa kashiyoyi da wakilan biya, kowa ya sa hannu kan abin da ya karɓa, kullum a rufe lissafi a fom DD 2657, ƙarshen wata a SF 1219. An raba mai tabbatar da ingancin takardar biya da mai fitar da kuɗin, don kada mutum guda ya riƙe wuƙa da nama. Idan aka sami giɓi, doka tana ɗauka sakacin mai riƙon ne har sai ya nuna ba haka ba ne, in ya kasa ya biya daga aljihunsa. Sanadin giɓi kusan kullum ƙanana ne: an biya takarda guda sau biyu, an yi kuskuren farashin canji, ko an miƙa wa wakili kuɗi da amincewa ba tare da an ƙirga a gabansa ba.

Karatu ba ya ƙarewa da makarantar farko. Littafin dokar da za ka zauna da shi sunansa DoD 7000.14-R, kuma ma'aikatar tsaro tana da takardar ƙwarewa mai mataki uku da ake tilasta wa ma'aikatan kuɗi, ban da wata takardar ƙwarewar, CDFM, da mutane ke nema da kansu. Sojan ƙasa suna aiki da manhajar GFEBS, wadda aka gina a kan SAP, manhajar lissafi da gudanarwa ta manyan kamfanoni. Ana kuma matuƙar neman masu fahimtar binciken kuɗi, domin tun da aka fara bincikar ma'aikatar gaba ɗaya a 2018, an yi ta shekaru oditoci ba su wanke littattafanta ba.

Kafin ka taso, ka karɓi cikakken sakamakon jami'arka mai nuna kowane darasi, ka ƙware a Excel, ka fara koyon SAP, kuma ka soma gudu da motsa jiki, don hafsan kuɗi ma ana gwada ƙarfin jikinsa kamar kowane soja. Ka tanadi adireshin duk inda ka zauna cikin shekara 10 da suka wuce tare da kwanakinsu, SF-86 zai tambaye ka su ɗaya bayan ɗaya.